Harshe Ɗaya, Alƙibla Ɗaya: Daga Ina Yaƙin Basasar Somaliya Ya Taso?

Ranar 2 ga Janairu, 1995, wani dattijo ɗan gudun hijira ya rasu a Legas. Shi ne Janar Muhammad Siyad Barre, wanda ya riƙe Somaliya a tafin hannunsa shekara 21. Aka kai gawarsa Garbaharey aka binne shi cikin danginsa. A lokacin babu gwamnati a Mogadishu da za ta yi masa jana'izar girmamawa, balle ta hana a yi, domin ƙasar ta kusa cika shekara huɗu babu mai mulkinta.

Abin da ke ɗaure wa mutane kai game da Somaliya shi ne ba ta da irin cutar da aka saba ɗora wa laifin yaƙe-yaƙen Afirka. Kusan duk mutanenta Musulmi ne, 'yan mazhabar Shafi'iyya, harshensu ɗaya, al'adarsu ɗaya, akasarinsu jikokin makiyayan raƙuma. Idan ana neman tsintsiya mai maɗauri ɗaya a nahiyar nan, nan za a fara nunawa. To me ya tsinke maɗaurin? Amsar da ta fi saurin zuwa baki ita ce dangantaka, wato wai Somaliyawa mutane ne masu faɗan zuri'a tun fil azal. Akwai gaskiya a ciki, amma ba ta ƙoshar da ni. Zuri'ar nan ta yi ɗaruruwan shekaru tana nan, ba ta taɓa rushe birni kamar Hargeisa ba. Ruwa ba ya tsami banza, sai a bincika abin da ya faɗa cikinsa.

Somaliyawa sun kasu manyan gidaje: Darod, Hawiye, Isaaq, Dir, da Rahanwein, wato Digil da Mirifle. Kowane gida ya yi rassa, rassan ma sun yi 'ya'ya, kuma yaro yakan tashi da haddar sunayen kakanninsa na wajen uba, ɗaya bayan ɗaya. Wannan ba alfahari ba ne kurum. A ƙasar da ruwan sama ke ƙaranci, rijiya ɗaya ke raba rai da mutuwa, kuma babu ɗan sanda ko alƙalin gwamnati, danginka su ne garkuwarka. Suna da dokar gargajiya da suke kira xeer, ana furta ta kamar "heer", wadda dattawa ke zama ƙarƙashin itace su yanke hukunci da ita. Idan an yi kisa, dangin wanda ya kashe su haɗa diyya, raƙumi 100 a kan namiji. Duk wanda ya zauna gaban malami ya yi karatun fiƙihu zai tuna da batun aƙila, dangin da ke ɗaukar diyya tare. Hikimar abin a fili take: tun da kowa zai yi asarar raƙumi idan ɗan gidansu ya zubar da jini, kowa na da dalilin tsawata wa mai zafin kai. Ana faɗa, ana satar dabbobi, ana ɗaukar fansa, amma akwai hanyar da ake bi wuta ta mutu. Masanin nan na Ingila, I. M. Lewis, a littafinsa na 1961, dimokuraɗiyyar makiyaya ya kira tsarin.

Sai dai kada a yi wa abin kwalliyar da ba tasa ba. Tsarin na mai ƙarfi ne. Manoman da ke tsakanin kogin Juba da na Shabelle, masu magana da karin harshen Maay, da jikokin bayin da aka kawo daga gabashin Afirka, da masu sana'ar ƙira da jima, ba a ɗauke su tsaran makiyaya ba. A riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Daga shekarun 1880 aka fara yanka ƙasar Somaliyawa kamar naman layya. Ingila ta ɗauki arewa, ba don tana son ƙasar ba sai don samun naman da za a ciyar da sansaninta na Aden. Italiya ta kama kudu, Faransa ta zauna a Jibuti, Sarki Menelik na Habasha ya ci Harar a 1887 ya miƙa hannu zuwa Ogaden, wani yankin kuma ya faɗa cikin arewacin Kenya. Kashi biyar ke nan, kuma su ne tsinaye biyar na farin tauraron da ke kan tutar Somaliya. Makiyayi ya wayi gari rijiyarsa tana wata ƙasa, makiyayar daminarsa tana wata. Sayyid Muhammad Abdullahi Hasan, malamin ɗarikar Salihiyya kuma mawaƙi, ya yi shekara 20 yana yaƙar Ingila da Habasha da Italiya, har sai da Ingila ta aiko jiragen sama suka yi wa ganuwarsa ta Taleh ruwan bama-bamai a 1920. Somaliyawa na girmama shi a matsayin gwarzo, amma wasu gidajen ba su manta cewa mayaƙansa sun afka musu sun kore musu dabbobi ba. Tun a nan ake iya hango matsalar: wanda ya tashi haɗa kan jama'a, da ƙarfin wasu dangi yake dogara, a kan wasu.

Arewa ta sami 'yanci ranar 26 ga Yuni, 1960, kudu ranar 1 ga Yuli, suka haɗe cikin ɗoki da gaggawa. Auren da aka ɗaura ba a tsaya yanke sadaki ba. Ɓangare ɗaya ya yi boko da Ingilishi, ɗayan da Italiyanci, dokokinsu daban, tsarin aikinsu daban. Babban birni ya tafi kudu, shugaban ƙasa da firayim minista duk 'yan kudu. A ƙuri'ar raba gardama ta 1961 yawancin masu zaɓe a arewa suka ƙi tsarin mulkin, kuma a Disambar shekarar wasu ƙananan hafsoshin arewa suka yi yunƙurin juyin mulki a Hargeisa. Duk da haka, jamhuriyar ta yi abin a yaba: a 1967 Shugaba Adan Abdullahi Usman ya sha kaye a hannun Abdirashid Ali Sharmarke, ya miƙa mulki lami lafiya, abin da ya yi wuya a Afirkar wancan zamani.

Amma wani sabon abu ya shigo da kakanni ba su san shi ba, wato gwamnati. A da rijiya da makiyaya ake rigima a kai, kuma xeer ya san yadda ake raba su. Yanzu ga wata rijiya guda a Mogadishu, cike da kuɗin tallafin ƙasashen waje, da muƙamai, da lasisin shigo da kaya, da guraben karatu, kuma babu dattijon da ya gaji dokar rabonta. Zaɓen Maris 1969 ya nuna inda aka kwana: jam'iyyu fiye da 60 suka nemi kujeru 123, yawancinsu jam'iyyun dangi ne da aka yi wa suna, kuma da aka gama kusan duk 'yan adawa suka tsallaka jam'iyya mai mulki don kada a yi rabo babu su. Ranar 15 ga Oktoba wani ɗan sanda ya harbe Sharmarke a Las Anod. Bayan kwana shida soja suka karɓi mulki, mutane da yawa kuma suka yi murna.

Siyad Barre ya fara da ayyukan da ko maƙiyinsa ba zai musa ba. A 1972 ya tsayar da rubuta harshen Somaliya da baƙaƙen boko bayan doguwar gardama, daga baya ya tura ɗalibai ƙauyuka da rugage koyar da karatu. Ya rungumi gurguzu, ya ce an binne ƙabilanci. Har mutum-mutumi aka yi da sunan ƙabilanci aka ƙona aka binne a bainar jama'a. Aka hana biyan diyya ta hanyar dangi, aka hana tambayar mutum gidansu, aka ce kowa ya kira kowa jaalle, wato aboki. A Janairun 1975 ya sa aka harbe malamai 10 saboda sun yi wa'azi a kan dokar iyali da ta daidaita gadon mace da namiji. A nan, a ganina, asalin ɓarnar take. Ya karya dattawa da malamai, masu kashe wuta, alhali shi kansa yana hura ta a ɓoye. Jama'a na raɗa da haruffa uku, MOD: Marehan, gidan ubansa, Ogaden, gidan uwarsa, Dulbahante, gidan surukinsa da ke shugabantar hukumar leƙen asiri. Duk ukun rassan Darod ne.

Sannan ga makamai. Zamanin yaƙin cacar baka ne, Tarayyar Sobiyet ta gina wa Somaliya rundunar da ta fi ƙarfin tattalin arzikinta. A Yulin 1977 Barre ya afka Ogaden, cikin 'yan watanni ya kama yawancin yankin. Sai Sobiyet ta juya masa baya ta koma wajen Mengistu na Habasha, ta kawo makamai, Kyuba ta kawo dubban sojoji. Zuwa Maris 1978 an kore shi. Mafarkin tauraro mai tsini biyar, abu guda da ya haɗa kan kowane gida, ya mutu a nan. Amurka ta maye gurbin Sobiyet domin tashar Berbera, bindigogi suka ci gaba da shigowa.

Daga nan abin ya zama jere. A Afrilun 1978 wasu hafsoshi, yawancinsu 'yan Majerten, suka yi yunƙurin kifar da shi. Aka kashe 17, Kanar Abdullahi Yusuf ya tsere Habasha ya kafa ƙungiyar tawaye. Martanin Barre shi ne ya hukunta dangin gaba ɗaya: sojojinsa masu jar hula suka shiga yankin Mudug suna fasa matattarar ruwa, suna kashe dabbobi. Dubi yadda aka juya al'ada. A xeer, dangi na ɗaukar laifin ɗansu don a biya a sasanta. A hannun Barre, dangi na ɗaukar laifin ɗansu don a hallaka su. Wanda bai taɓa tunanin tawaye ba ya gane cewa sunan kakansa kaɗai ya isa a kashe shi, don haka babu mafaka sai wajen masu bindigar gidansu.

Haka aka yi wa Isaaq na arewa, har ma fiye. Sun kafa ƙungiyar SNM a Landan a 1981. Da Barre da Mengistu suka yi sulhu a Afrilun 1988 kan kowa ya daina goyon 'yan tawayen ɗan'uwansa, mayaƙan SNM suka ga ba su da wurin zama a Habasha, suka kutsa Burao da Hargeisa a ƙarshen Mayu. Gwamnati ta sa manyan bindigogi da jiragen yaƙi, waɗanda ke tashi daga filin jirgin Hargeisa su zuba wa Hargeisar wuta. Ƙungiyar kare haƙƙin ɗan Adam ta Africa Watch ta ƙiyasta mutum 50,000 zuwa 60,000 ne suka mutu, dubban ɗaruruwa suka gudu Habasha. A 1989 Hawiye suka kafa ƙungiyar USC, sojoji 'yan gidan Ogaden ma suka ɓalle. A Mayun 1990 dattawa da 'yan boko fiye da 100 suka sa hannu a takardar neman sulhu, aka kama da yawansu. Ƙarshen Janairun 1991 Barre ya fice daga Mogadishu.

Kowace ƙungiya ta gida ɗaya ce, babu wadda ta yi tanadin abin da za a yi bayan an kore shi. Ali Mahdi Muhammad da Janar Muhammad Farah Aidid, dukansu Hawiye, dukansu USC, ɗaya Abgal ɗaya Habar Gidir, suka raba birnin biyu suka yi ta luguden wuta daga Nuwambar 1991. Su kuwa manoman nan na tsakanin koguna biyu, marasa bindiga, mayaƙa suka yi ta kai da komo a gonakinsu suna kwashe rumbuna. Yunwar 1992 ta kashe mutum sama da 200,000, kuma Baidoa, garin masu noma dawa, shi ne cibiyarta. Sojojin Amurka da na Majalisar Ɗinkin Duniya, har da na Nijeriya, sun zo sun yi asarar rayuka, suka tattara, na ƙarshensu suka fice a Maris 1995.

Mai cewa zuri'a ce tushen bala'in, sai ya bayyana mana abin da ya faru a arewa. Can ne aka fi shan wuya a hannun Barre, kuma can ne aka fara samun lafiya. Bayan sun ayyana ɓallewar Somaliland a Burao ranar 18 ga Mayu, 1991, dattawan Isaaq da na gidajen da suka goyi bayan Barre suka yi ta zama, gari bayan gari, ana lissafin jini da raƙuma. A 1993 suka shafe watanni a Borama, yawancin ɗawainiyar daga aljihun jama'arsu, suka zaɓi Muhammad Ibrahim Egal shugaba, suka ba dattawa majalisa tasu, Guurti, a cikin tsarin mulki. Ba aljanna suka gina ba, sun sake gwabzawa a tsakaninsu daga 1994, kuma rikicin Las Anod na 2023 ya nuna tsohon miki bai gama warkewa ba. Amma da kayan aikin kakanni suka kashe wutar da manyan tarukan otal na ƙasashen waje suka kasa kashewa a kudu.

A kudun ma da aka gaji, zuri'ar aka koma wa. Tun taron Arta na ƙasar Jibuti a 2000 ake raba kujerun majalisa bisa tsarin da ake kira huɗu da rabi: Darod, Hawiye, Dir da Rahanwein kowanne kaso guda, sauran ƙananan al'ummomi duka a haɗa su a ba su rabi. Jikokin bayi da maƙera da majema, waɗanda ba su kafa runduna ba, su ne rabin.