Muryar Da Kike Ji Ba Ta Jarumar Ba Ce

Wai shin in waƙar fim ta ratsa ki har kika kwana kina rera ta, kin taɓa tambayar wa ya zauna ya tsara ta? Mu nan Bagega, a gidan biki sai ki ji yara na cewa "sa mana waƙar wance", su kira sunan jarumar da suka gani tana juyi. Alhali ita baki kawai ta motsa. Mai waƙar yana can, ba a ko san fuskarsa ba.

Ga yadda abin yake. Furodusa zai ba mawaƙi labarin fim, ya ce ga inda masoya za su rabu, ga inda za su shirya. Shi kuma ya je ya rubuta baitoci, ya samo karin da zai dace. Daga nan sai sutudiyo, inda mai fiyano zai haɗa kiɗan, a ɗora muryar namiji, a kira mace ta ɗora tata. Sai an gama duk wannan ne jarumai za su hau kai a gaban kyamara.

Mu Zamfarawa ai mun gaji waƙa. Marigayi Alhaji Musa Ɗanƙwairo, wanda ya rasu a 1991, da tawaga guda yake tafiya, ga masu kotso ga 'yan amshi. To aikin wannan tawagar ne mutum ɗaya ke yi yau da yatsunsa a kan fiyano.

Sana'ar kuwa daga wasan daɓe ta taso. Ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano, 'yan wasan kwaikwayo ne, su suka fitar da Turmin Danya a 1990. Da yake mun saba da finafinan Indiya, ba a jima ba waƙa ta shigo. Wajen shekarar 2000 kamfanin Sarauniya ya saki Sangaya, da Ali Nuhu da Fati Muhammad, waƙarsa ta game ƙasar Hausa. Daga nan 'yan kasuwa suka gane waƙa ke sayar da kaset. Muryoyin mata irin su Maryam Fantimoti, Maryam Sangandale da Fati Nijar, mutuniyar Maraɗi, suka cika ɗakunan iyayenmu.

Amma fa hanyar ba shimfiɗa ba ce. A 2007 Hukumar Tace Finafinai ta Kano ta tsaurara doka a kan rawa da waƙa, har wasu suka tattara suka koma Kaduna. Wanda ya dogara da fim kaɗai ya ji jiki. Masu dabara suka kama fitar da kundin waƙoƙinsu, suka shiga waƙar biki da ta siyasa.

Ki dubi Umar M. Shareef, ɗan Kaduna. Ya shafe shekaru muryarsa na fita ta bakin wasu. Sai a 2017 Ali Nuhu ya sa shi jarumin fim ɗin Mansoor tare da Maryam Yahaya, ranar ce da yawa daga cikinmu suka haɗa muryar da fuskar. Kin ga ke nan, haƙurin bayan labule bai faɗi ƙasa banza ba.

Ni dai roƙona biyu ne. In fim ya ƙare, ki daure ki karanta sunayen nan da ke wucewa, ki san mai guminsa. Ke kuma 'yar makaranta da Allah ya ba baiwar tsara baiti, ki samu littafi ki riƙa rubutawa, ki sa sunanki da kwanan wata, kada ki miƙa wa kowa a ɓoye don daɗin baki. Ki gama karatunki, ki nemi yardar iyaye, baiwa ba ta tsufa.

Sai mun haɗu a fitowa ta gaba, in Allah ya kai mu.