Shin Ko Kun San? Tukunyar Waken Faransawa da Kasuwannin Bagudo

Shin ko kun san cewa Faransawa, duk da sunan da suka yi a harkar girki, ɗaya daga cikin abincin da suke tinƙaho da shi wake ne da nama? Sunansa kasule. Asalinsa kudu maso yammacin ƙasar, kuma garuruwa 3 ne ke jayayya a kansa: Kastelnodari da Karkason da Tuluz. Kowanne cewa yake nasa ne na ainihi.

Shin ko kun san sunan tukunya ne ya bi abincin? Kasol ake ce mata, tukunyar ƙasa mai faɗin baki da tsukakken gindi, wadda maginan ƙauyen Isel suka shahara da ginawa. Wanda ya san kaskonmu, in ya gan ta ba zai yi mata kallon baƙuwa ba.

Me ya kawo maganar Faransa a Bagudo? Iyaka ce ta kawo ta. Ƙaramar hukumar Bagudo ta Jihar Kebbi ta jingina da Jamhuriyar Benin. Wanda ya fita ta Tsamiya zai faɗa Segbana, wanda ya bi ta Lolo kuwa ya kama hanyar Malanbil, garin babbar kasuwa da ke bakin Kogin Kwara, tsallaken Gaya. Shin ko kun san yarjejeniyar Ingila da Faransa ta 1898 ce ta tsaga ƙasar Borgu, Illo da Busa suka zauna hannun Ingilishi, Nikki ta koma hannun Faransawa? Shi ya sa dangi ɗaya, Dandawa ne ko Fulani ko Hausawa, za ka tarar ɗan wannan gida yana karatu da Turanci, ɗan wancan da Faransanci, amma in dare ya yi tukunya iri ɗaya ake ɗorawa.

Shin ko kun san waken da ke cikin kasule shi ma baƙo ne a Faransa? Daga nahiyar Amurka aka kai shi Turai bayan 1492. Mutanen Kastelnodari suna da labarin cewa lokacin da sojan Ingila suka kewaye garinsu a Yaƙin Shekara Ɗari ne aka tattara ɗan abin da ya rage a gidaje aka dafa wa mayaƙa a tukunya guda. Labari ne mai daɗi, sai dai a wancan zamani farin waken nan bai iso ba tukuna. Namu waken kuwa ɗan gida ne. A Afirka aka fara noma shi, kuma yau Nijeriya ce kan gaba a duniya wajen samar da shi, Nijar na bin ta. Kusan kashi ɗaya cikin huɗu na ƙwayarsa sinadarin gina jiki ne, saiwarsa kuma tana ƙara wa ƙasa ƙarfi, dalilin da ya sa manomi ke tsarma shi tsakanin gero da dawa. Abin da ke damuna shi ne yadda muke kallon faten wake a matsayin abincin ranar babu, alhali a Kastelnodari tun 1970 aka kafa ƙungiya ta musamman don kare martabar tukunyar wake, har da biki duk ƙarshen watan Agusta.

Shin ko kun san sunan wake ya riga mu tafiya? Shinkafa da waken da 'yan Gana ke kira wace, daga Hausa kalmar ta fito. A Benin kuma za ka ji ana ce masa atasi.

To, naman fa? Kasulen Faransa akwai alade a ciki, fatarsa da kuma niƙaƙƙen namansa da ake ɗurawa a hanji. Wannan ba namu ba ne, kuma ba a rasa komai in an cire shi. Aikin fatar alade a tukunyar shi ne ta narke ta ba romo kauri da danƙo, kuma ganda ko ƙafar sa suna yin wannan aiki sarai. A Karkason ma naman tunkiya suke sawa, wani lokaci har da tsuntsun daji dangin fakara. Sai agwagwa, wadda ita ce ƙashin bayan girkin: ana barbaɗe cinyoyinta da gishiri, a dafa su a hankali cikin kitsenta, a bar su a nutse a ciki su yi watanni ba su lalace ba. Uwargida da ta taɓa soya naman layya ta adana shi cikin mai ta san wannan dabara tun kafin ta ji sunan Faransa. Manomi ne ya ƙirƙiro ta a can, don ya sami abin ci da sanyin hunturu, kamar yadda kakanninmu suka yi don naman Sallah ya daɗe.

Ga yadda za a yi shi a gida. A tsince wake gwangwani 4, a wanke. A tafasa ganda da ƙashi da albasa da tafarnuwa da masoro da kanumfari har gandar ta yi laushi, a ajiye romon. A soya naman rago da cinyoyin agwagwa ko zabo har su yi ja, kada a zubar da man. A dafa waken rabin nuna a cikin romon. Sannan a shimfiɗa ganda a gindin tukunyar ƙasa, a zuba rabin wake, a jera nama, a rufe da sauran waken, a zuba romo ya ɗan sha kansa. Wuta kaɗan, awa 2 zuwa 3. Wadda ba ta da abin gashi sai ta ɗora faifan ƙarfe a bakin tukunya ta zuba garwashi a kai, zafi ya zo ta sama da ƙasa. Ludayi ba ya shiga, domin so ake kowace ƙwaya ta nuna luguf ba tare da ta fashe ba. Ni dai ina jefa ɗan ƙullin daddawa, kuma ban taɓa nadama ba.

Shin ko kun san Faransawa ƙanzonsu a sama yake? Namu a gindin tukunya ake kankaro shi, nasu kuwa ɓawo ne da ke taruwa a fuskar waken. Da ya yi sai a danna shi ciki da bayan cokali, a bari wani ya sake taruwa. Al'adarsu ta ce sau 7.

Shin ko kun san tsami maƙiyin nunar wake ne? Tumatir ko ruwan tsamiya in suka shiga da wuri, fatar waken ƙara tauri take, don haka a jinkirta su sai ya yi laushi. Kanwa akasin haka take yi, tana gaggauta nuna, amma in ta yi yawa tana lalata wani ɓangare na bitamin da ke cikinsa, kuma ta mai da girkin fate. A wannan tukunya a bar ta.

Wanda kuma ya sayo farin wake ko jan wake irin na Turawa daga tsallake, ya sani ba halinsu ɗaya da namu ba. Namu ba ya buƙatar kwana a ruwa. Wancan sai an jiƙa shi tun dare, a zubar da ruwan, a tafasa shi da wuta sosai aƙalla minti 10 kafin a sassauta, domin ɗanyensa na ɗauke da wani sinadari mai sa amai da gudawa, musamman jan.