Mai Sayar da Taku

A garin Girinsboro na jihar Karolina ta Arewa a Amurka, inda 'yan Nijar, Zabarmawa da Hausawa, suka daɗe da yin kaka-gida, wani maraice na tsaya jiran ƙanena a gaban wani jerin shaguna. Ta gilashin shago ɗaya na hango ɗaki mai faɗi, daɓensa na katako sai ƙyalli yake yi, bango guda kuwa madubi ne tun daga sama har ƙasa. Wani saurayi siriri cikin baƙaƙen kaya yana riƙe da hannun wata dattijuwa da ta isa yin jika da shi, bakinsa yana motsi, da alama ƙirga mata taku yake yi. Sau biyu na ga ta taka masa ƙafa, bai ko yamutsa fuska ba. Da ƙanen nawa ya iso na tambaye shi ko kakar yaron ce. Ya kwashe da dariya, ya ce, "Haba Yaya, ai aiki yake yi. Biyansa take yi."

Rawar da na gani ita ce Turawa ke kira bolrum, wato rawar bibbiyu, mace da namiji riƙe da juna suna zagaya ɗaki bisa ƙa'ida. Na san mai karatu zai ɗaure fuska, ni ma na ɗaure. Tarbiyyarmu da addininmu ba su ba da ƙofar namiji ya rungumi matar da ba tasa ba da sunan nishaɗi, kuma ban zo tallata abin ba. Sai dai 'ya'yanmu da ake haifa a can suna ganinsa a talabijin da bukukuwan maƙwabta, kuma sana'a ce da dubban mutane ke ci da ita. Gara a san yadda take.

A gasar duniya raye-raye goma ake yi. Biyar ana yin su a riƙe da juna ba a saki: wals, tango, wals irin na birnin Biyana, fokstirot da kwikistef. Sauran biyar ana ce musu na Latin: ca-ca-ca, samba, rumba, faso dobile da jaib. Wanda ya kasa kunne ga kiɗan samba ta Burazil ko rumba ta Kyuba zai ji ganga tana yi masa magana da muryar da ya sani, domin bayin da aka kwasa daga Afirka ne suka shuka tushen kiɗan. Ingilishi suka zo daga baya suka tsara komai a littafi, suka ƙayyade inda diddige zai sauka da inda kai zai kalla. Babbar gasarsu ana yin ta a garin Bilakful na Ingila tun 1920, kuma duk ɗan rawar da ya amsa sunansa burinsa ya taka wannan daɓe.

To amma kofi ba ya cika ciki. Mutumin da ya fi kowa gane haka, a cikin wannan jiha ta Karolina ta Arewa ya taɓa gwada sa'arsa, a garin Ashbil da ke cikin duwatsu, tafiyar kusan awa uku a mota yamma da Girinsboro.

Sunansa na yanka Moses Teichman. An haife shi a 1895 a yankin Galisiya na daular Ostiriya da Hangari, aka kawo shi Niyok yana ɗan yaro, ya tashi a unguwar talakawan baƙin haure. Yaro ne mai tsananin kunya, kuma rawa ce ta fitar da shi cikin mutane. Yana shekara 17 ya fara koyar da ita da dare, da rana yana aikin zane a ofis. Ya samu horo a makarantar Vernon da Irene Castle, miji da mata da suka fi kowa tashe a fagen a wancan zamani. A wajen 1914 ya isa Ashbil yana koya wa masu kuɗi rawa a otal ɗin Battery Park. Lokacin an shiga Yaƙin Duniya na Ɗaya, suna mai kama da na Jamusawa ba ya jawo ciniki, sai ya koma Arthur Murray.

A 1919 ya shiga makarantar fasaha ta Jojiya da ke Atlanta yana karatun kasuwanci, yana kuma koyar da rawa a gari. Daga nan dabarar da ta yi masa arziki ta fito. Ya lura cewa akwai ɗimbin mutane da ke son su iya rawa amma kunya ba za ta bar su su shiga aji a gan su suna tuntuɓe ba. Sai ya zana sawun takalmi a takarda, na dama da na hagu, da lambobi da kibiyoyi, ya riƙa aikawa ta gidan waya. Mutum ya kulle ɗakinsa, ya bi sawun ɗaya bayan ɗaya ba mai yi masa dariya. Tallan da yake bugawa a mujallu bai cika damuwa da rawar kanta ba, abin da yake yi wa mutane alkawari shi ne farin jini. Ya san ciwon, domin ya yi jinyarsa.

Ya auri Kathryn a 1925, ta zama abokiyar sana'arsa. A 1938 aka buɗe makaranta ta farko a Miniyafolis da ke amfani da sunansa bisa yarjejeniya: mai makaranta ya zuba jarinsa, ya bi tsarin Murray, ya riƙa biyan kaso. Daga 1950 zuwa 1960 shirinsu na talabijin ya shiga gidajen Amurkawa, Kathryn ce ke gabatarwa. Shi kuwa Fred Astaire, tauraron finafinan rawa, a 1947 aka kafa nasa jerin makarantun. Murray ya rasu a Honolulu a 1991 yana da shekara 95, kuma har gobe sunayen nan biyu ne a kan allunan makarantun rawa da yawa a Amurka.

Saurayin da na hango ta gilashi magajin wannan tsari ne. Yininsa yakan fara bayan azahar ya kai dare, domin sai mutane sun tashi daga aiki suke zuwa. Darasi ɗaya bai cika wuce minti 45 ba, ɗaliba ta fita wata ta shigo. Akwai ango da amarya da ke son su burge a ranar biki, akwai ma'auratan da 'ya'ya suka watse suka bar su, akwai kuma, da yawa, matan da mazansu suka rasu. Dole ya iya takun namiji da na mace duka, ya tuna wadda gwiwarta ke ciwo da wadda ba ta son a gyara mata a gaban mutane. Atisayensa na kansa da abokiyar gasarsa sai da safe ko bayan an rufe, da gajiyarsa da komai.

Inda kuɗin yake shi ne gasar gwani da ɗalibi. Ɗaliba ce za ta ɗauki malaminta haya su shiga fili tare, alƙalai ita kaɗai suke dubawa. Ita ke biyan kuɗin shiga, da ladan malamin, galibi har da otal da kuɗin tafiyarsa, ga rigar da aka yi wa ado da duwatsu masu walƙiya, wadda kan ci dubban daloli. Ana liƙa wa namiji lamba a gadon baya, a saki kiɗa na kamar minti ɗaya da rabi, a canza wani. Malami mai ɗalibai da yawa yakan yini yana shiga yana fita, kuma a kowane zagaye sai ya yi murmushi kamar yanzu ya fara. Gwiwa da ƙugu da baya su ke biyan bashin. Shi ya sa mai hankali a cikinsu tun yana da ƙarfi yake neman zama alƙalin gasa, ko mai horarwa, ko ya buɗe tasa makarantar. Shirin Dancing with the Stars da aka fara a 2005 ya fito da wasu 'yan ƙalilan duniya ta san su. Sauran suna nan a bayan gilashi.

Sana'ar da ke cin abinci da kaɗaicin mutane kuwa ba ta rasa masu wuce gona da iri. A 1968 wata kotun ɗaukaka ƙara a jihar Fulorida ta duba ƙarar wata bazawara mai shekara 51 da ta shiga ɗaya daga cikin makarantun da ke ɗauke da sunan Murray. Cikin ƙasa da wata 16 an sayar mata da awa 2,302 na darasi a kan dala 31,090. A ƙararta ta ce kullum ana zuga ta cewa tana da baiwa, saura ƙiris ta zama gwana, alhali ko bugun kiɗan ba ta iya kamawa sosai. Kotun farko ta kori ƙarar, ta ɗauki zancen a matsayin daɗin bakin ɗan kasuwa. Kotun sama ta ce a'a, idan mai sayarwa ya fi mai saye sanin gaskiyar lamari nesa ba kusa ba, yabonsa na ƙarya na iya zama yaudara, don haka a saurari matar. Har yau ana karantar da wannan shari'a ga ɗaliban lauya a Amurka. Ni dai da na karanta ta, maroƙin biki ne ya faɗo mini a rai, wanda zai yi wa mutum kirari har ya zazzage aljihunsa. Bambancin shi ne maroƙi ba ya sa ka sa hannu a takarda. Duk wanda ke zaune a can ya riƙe wannan, ko a makarantar rawa ko a wurin motsa jiki: darasin farko mai araha ne, kwantiragin da ke biye da shi ne abin karantawa.

Idan na kwatanta da namu, 'yan koroso a Kano ma jikinsu ne jarinsu, su ma da ƙuruciya ake yi, su ma tsufa yakan zo musu ba fansho. Amma ɗan koroso 'yan kallo yake yi wa wasa, abin da aka liƙa masa shi ne nasa, kuma ba wanda zai je ya biya shi don ya koya masa. A Amurka an juya abin: mai kuɗin ce ke tsakiyar fili, gwanin yana gefe yana ƙoƙarin ɓoye gwanintarsa don tata ta fito.

Kafin mu bar gaban shagon a maraicen nan, dattijuwar ta zauna ta cire takalmin rawarta ta sa a jaka, domin ƙasansa fata ce mai laushi da ba a taka titi da ita. Saurayin ya raka ta bakin ƙofa, ya dawo ya ɗaga ƙafa ɗaya, ya karce ƙasan nasa takalmin da ɗan buroshin waya don kada ya yi santsi. Ya kurɓi ruwa, ya dubi agogon bango. Wasu mutum biyu, miji da mata da alama, suna tsaye a ƙofa kowa yana tura ɗan'uwansa ya fara shiga.