Wai Wane Yare Ne Indiyanci?

Na gaji da jin wannan magana. Ko shekaranjiya, a teburin mai shayi kusa da Monday Market, sai da wani saurayi ya yi ta rantsuwa wai Allu Arjun ɗan Bollywood ne, Indiyanci yake yi kamar Shah Rukh Khan. Haba malam!

Allu Arjun ɗan ƙabilar Telugu ne, mutanen jihohin Andhra Pradesh da Telangana a kudancin Indiya. A ƙidayar 2011, sama da mutum miliyan 80 ne suka sha harshen Telugu a nono. Tsakaninsa da Hindi babu dangin iya babu na baba, ko rubutunsu ba ɗaya ba ne, kamar dai yadda Kanuri da Hausa ba su haɗa kaka ba.

Abin haushin ke nan. Mutumin Yerwa in ya je Legas aka ce masa duk ɗan Arewa Bahaushe ne, ransa ɓaci yake yi. Shi ne kuma zai dawo gida ya yi wa ƙasa mai mutum fiye da biliyan kuɗin goro. Mutanen Telugu fa ba su ɗauki harshensu da wasa ba. A 1952 Potti Sreeramulu ya ƙaurace wa abinci har ya mutu don a ba su jiharsu, aka kuma ba su Andhra a 1953. Finafinan Baahubali, Pushpa da RRR duk na masana'antar Telugu ta Hyderabad ne, fassarar Hausa ce ta rufe mana muryar asali. Turawa sun kwashi wasu kakannin mutanen Telugu noman rake a Fiji da Afirka ta Kudu, yau ga su birjik a Amurka, har da Satya Nadella, shugaban Microsoft.

To, mai zuwa Hyderabad jinya ko karatu, don Allah ka daina sauke wa ma'aikaciyar asibiti Hindin fim. Tambaye ta yarenta tukuna. A tsohon gari, wajen Charminar da aka gina a 1591, Musulmi ne jingim, Urdu suke yi, sallama ta ishe ka. In ka nausa ƙauyukan Guntur kuwa, riƙe "namaskaram", ita ce gaisuwa. Kada ka yi wa abin bautar kowa dariya, baƙo ne kai. Mai gyambon ciki kuma ya ce a rage masa barkono tun kafin a zuba, don na Guntur ya fi yajin tsiren Baga Road cizo.