Gini Ikwatoriya: Ina Kuɗin Mai Suka Shiga?

Yau za mu leƙa Gini Ikwatoriya, ƙasar da mutanenta ba su kai miliyan 2 ba.

A da, koko ne abin tinƙahonta. Dubban 'yan ƙwadago daga Najeriya ne ke aikin gonakin tsibirin Bioko, har tsakiyar shekarun 1970 da azabar mulkin Macias Nguema ta sa aka kwaso su gida. Noma ya durƙushe, talauci ya yi wa ƙasar katutu.

Kwatsam a 1995, kamfanin Mobil ya gano rijiyar mai ta Zafiro a cikin teku. Cikin shekara goma ana haƙo ganga sama da 300,000 kowace rana. Da rabo aka yi tsakani da Allah, da kowane gida ya gani a tukunyarsa.

To ina kuɗin suka shiga? Ku zo mu je Sipopo, a gefen birnin Malabo. Gidajen alfarma 52 aka jera a bakin ruwa domin shugabannin da suka zo taron Tarayyar Afirka na 2011, ga titi shimfiɗe tamkar na Turai, ga filin wasan golf. 'Yan mintoci daga nan, mata da yara ne ke layi da jarkoki suna jiran ruwan famfo. Rahoton Human Rights Watch na 2017 ya nuna kusan kashi 80 cikin 100 na kasafi gine-gine ke lashewa, asibiti da makaranta kuwa sai ɗan abin da ya rage. Wannan zalunci ne, domin bene ba ya yi wa yaro rigakafi.

Shugaba Obiang yana kan mulki tun 1979. Ɗansa Teodorin, mataimakinsa, kotun Faransa ta same shi da laifin wawure dukiyar ƙasa a 2017, sannan a 2019 aka yi gwanjon motocin ƙawa 25 da Suwizalan ta ƙwace a hannunsa.

Yanzu rijiyoyin sun fara ƙafewa. ExxonMobil, magajin Mobil, ya tattara komatsansa a 2024, abin da ake haƙowa bai kai kashi ɗaya cikin uku na lokacin ganiya ba, kuma matasan da aka haifa a zamanin mai sun taso babu gona, babu aikin yi.