LITTATTAFAN MATA SUN ISA ZANGO, SAURA LABARIN MATAN ZANGO

Daga Wakilinmu

Yau fiye da shekara 40 ke nan tun da littafin ƙagaggen labari na farko da mace ta rubuta da Hausa ya shiga kasuwa. Daga wancan lokaci zuwa yau mata sun wallafa ɗaruruwan littattafai a kan soyayya da aure da zaman iyali, kuma littattafan sun ratsa birni da ƙauye har sun kai garuruwan bakin iyaka irin su Zango, ɗaya daga cikin ƙananan hukumomi biyar na masarautar Daura, wadda ke maƙwabtaka da Jamhuriyar Nijar. 'Yan makaranta suna karanta su, matan aure suna aron su a hannun juna, waɗanda ba su iya boko ba kuwa suna sauraronsu idan ana karantawa a gidajen rediyo.

Abin tambaya a nan shi ne, idan matar Zango ta buɗe irin wannan littafi, shin tana ganin kanta a ciki? Kafin a amsa wannan tambaya ya kamata mai karatu ya san hanyar da littattafan suka biyo.

Yadda Mata Suka Karɓi Alƙalami

A gasar rubutu ta shekarar 1933, wadda Rupert East ya shirya a Zariya, an sami littattafai biyar, watau Ruwan Bagaja da Ganɗoki da Shaihu Umar da Idon Matambayi da Jiki Magayi. Dukansu maza ne suka rubuta su. Ko a Jiki Magayi, inda aka raba Zainabu da masoyinta Abubakar aka aurar da ita ga mai dukiya, labarin ya fi bin fushin saurayin da ramuwar da ya ƙudura, ita kuwa yarinyar ba a cika jin abin da ke ranta ba.

Haka aka yi ta tafiya har shekarar 1980, lokacin da Kamfanin NNPC na Zariya ya buga littattafai uku da suka ci gasarsa: Mallakin Zuciyata na Sulaiman Ibrahim Katsina, da So Aljannar Duniya na Hafsatu Abdulwahid, da Amadi Na Malam Amah na Magaji Ɗambatta. Littafin Hafsatu labarin Boɗaɗo ne, wata yarinya Bafillatana da ta kafe a kan auren Yasir, wanda ba ɗan ƙabilarsu ba ne, duk da adawar dangi. A nan ne masu karatun Hausa suka fara jin budurwa tana faɗin wanda take so, kuma mace ce ta sa maganar a bakinta.

Abubuwa biyu suka taimaka wa wannan iri ya tsiro. Na farko shi ne shirin ilmin firamare kyauta ga kowa, watau UPE, wanda aka fara a 1976, ya tura dubban 'yan mata makaranta, suka fito sun iya karanta Hausa amma babu isassun littattafan da suka shafe su. Na biyu shi ne tsananin tattalin arziki na shekarun 1980, wanda ya karya ƙarfin manyan kamfanonin ɗab'i. Marubuta suka koma buga littattafansu da kuɗin aljihunsu a ƙananan maɗaba'u na Kano, 'yan kasuwa kuma suka riƙa rarraba su zuwa sauran garuruwa. Talatu Wada Ahmed da littafinta Rabin Raina tana cikin waɗanda suka fara bin wannan hanya.

Rabi Da Abu

Babu marubuciyar da ta fito da zafin zaman gidan miji kamar Balaraba Ramat Yakubu, ƙanwar marigayi Janar Murtala Ramat Muhammad. An yi mata aure tana ƙarama, sai daga baya ta nemi ilmi a ajin yaƙi da jahilci na manya a Kano. Ta fito da Budurwar Zuciya a 1987, sa'an nan Alhaki Kuykuyo Ne da Wa Zai Auri Jahila? a 1990.

A cikin Alhaki Kuykuyo Ne mun ga Rabi, uwar 'ya'ya tara, wadda mijinta Alhaji Abdu, ɗan kasuwa, ya ƙuntata wa, ya auro Delu, daga bisani ya kore ta da 'ya'yanta. Rabi ta kama sana'ar sayar da abinci ta riƙe yaran, har 'yarta Saudatu ta yi aure na mutunci, shi kuwa Alhaji Abdu dukiyarsa ta ƙone ya dawo yana neman sulhu. Ƙarfin littafin yana cikin ƙananan abubuwa: kuɗin cefane da ba ya isa, kuɗin makaranta, rabon kwana, da yadda dangi ke taruwa su matsa wa mace ta yi haƙuri. A 2012 wani kamfanin ɗab'i na ƙasar Indiya mai suna Blaft ya buga fassararsa da Turanci, wadda Aliyu Kamal ya yi.

Wa Zai Auri Jahila? shi ya fi kusa da rayuwar karkara. Abu 'yar ƙauye ce da mahaifinta ya cire daga makaranta, saurayin da aka yi mata alkawari da shi ya guje ta don ba ta da ilmi, aka ɗaura mata aure da tsoho, Sarkin Noma. Ta gudu birni, ta koma karatu, ta zama ma'aikaciyar jinya. Duk wanda ya san ƙauyukanmu ya san cewa akwai Abu a kusan kowace unguwa. To amma a lura, mafitar da littafin ya ba ta ita ce barin ƙauyen.

Jihar Katsina ma ba a bar ta a baya ba. Bilkisu Ahmed Funtuwa, wadda masu karatu suka fi sani da Anti Bilki, ta yi fice a shekarun 1990 da littattafai irin su Allura Cikin Ruwa da Wa Ya San Gobe? da Ki Yarda Da Ni. Taurarinta mata ne masu ilmi da addini, masu aiki, waɗanda ke gyara gidajensu da hikima. Kazalika lokacin da Sashen Hausa na BBC ya buɗe gasar Hikayata ta mata a 2016, 'yar jihar Katsina ce, Aisha Muhammad Sabitu, ta zo ta ɗaya da labarinta mai suna Sansani.

Suka Da Kariya

Littattafan ba su tafi salin-alin ba. Ibrahim Malumfashi ya kira su Adabin Kasuwar Kano, yana ganin yawancinsu ba su da inganci kuma ba za su daɗe ba. Abdalla Uba Adamu da wasu suka tsaya musu, suna cewa sun raya karatun Hausa a lokacin da babu wanda ya damu da shi, kuma sun taɓo auren dole da saki da ilmin mata. An daɗe ana wannan muhawara a shafukan jaridu cikin shekarun 1990. Iyaye da malamai da yawa kuma sun zarge su da ɓata tarbiyya, har a 2007 aka ƙona wasu daga cikinsu a bainar jama'a a Kano.

Sai dai akwai wata magana da hayaniyar tarbiyya ta danne, kuma ita ce ta fi shafar wuri kamar Zango. Mafi yawan waɗannan littattafai a birni aka rubuta su, a birni labarinsu yake faruwa. Gidajen bene ne, da motoci, da jami'a, da tafiya Dubai ko Landan. Idan 'yar ƙauye ta shigo, sau da yawa a matsayin 'yar aiki take shigowa, ko abar dariya, ko yarinyar da wani Alhaji zai ɗauko ya wanke ta zama mutum. Ƙauye wuri ne da ake tserewa daga gare shi. Da wuya a sami littafin da ya zauna a cikinsa tun daga farko har ƙarshe.

Abin Da Ba A Rubuta Ba

Alhali kuwa rayuwar matar karkara a ƙasar Daura cike take da abin rubutawa. Akwai matar da mijinta ke tafiya ci-rani da zarar an gama kaka, ya bar mata gida da yara da tsofaffi har faɗuwar damina. Akwai wadda ke sussuka da surfe da ɗiban ruwa, tana soya ƙuli-ƙuli tana matse man gyaɗa, tana zuba adashi, tana kiwon awaki domin kayan ɗakin 'yarta. Akwai auren zumunci, da zaman surukai a gida ɗaya, da goyon ciki, da yaji da biko. Akwai kuma abin da ya keɓanta da bakin iyaka, watau dangi ɗaya da aka raba tsakanin ƙasa biyu, amarya daga wannan gefe ango daga wancan, ana lissafin lefe da naira da sefa. Lokacin da aka rufe iyakar Nijeriya da Nijar a 2019, da kuma bayan juyin mulkin Nijar na 2023, wahalar ba a kan 'yan kasuwa kaɗai ta tsaya ba, ta shiga har cikin zumunci da tukunyar gida.

A wasu ƙasashe irin wannan rayuwa ce ta haifar da manyan littattafai. A jihar Kerala ta Indiya, Thakazhi ya rubuta Chemmeen a 1956 a kan soyayyar 'yar masunta a wani ƙauyen bakin teku, aka fassara shi cikin harsuna da dama. A nan gida Flora Nwapa ta rubuta Efuru a 1966, labarin wata mace 'yar kasuwa a wani gari na bakin tafki a ƙasar Ibo, da jarrabawar da ta sha a gidajen aure. Waɗannan marubuta sun tsaya a kan ƙaramin wuri da suka sani ciki da waje, kuma sanin nan ne ya sa baƙi suka karanta su.

Darasin Baba Mutuniyar Karo

Ƙasar Hausa ma tana da misali. Tsakanin 1949 da 1950 wata Baturiya, Mary Smith, ta zauna da wata tsohuwa mai suna Baba a garin Giwa ta ƙasar Zazzau, tana rubuta tarihin rayuwarta da bakinta. Baba ba ta yi boko ba, amma ta ba da labarin ƙuruciyarta a Karo, da aurenta huɗu, da 'ya'yan da ta riƙa ko da yake ba ta haihu ba, da ƙawance, da harin masu kamun bayi, da zuwan Turawa. Ta rasu a 1951, littafin ya fito a Landan a 1954 da sunan Baba of Karo, kuma har yau ana karanta shi a jami'o'in duniya.

Mijin wannan Baturiya, M. G. Smith, shi ne ya rubuta littafin tarihin sarautar Daura mai suna The Affairs of Daura, wanda ya fito a 1978. A ciki ya bi diddigin yadda gidan sarautar Haɓe ya bar birnin Daura bayan Jihadi, ya kafu a Zango, har Turawa suka mayar da Malam Musa kan gadon Daura a farkon mulkinsu. Ashe ke nan an rubuta sarakunan Zango da yaƙe-yaƙensu da masu riƙe da sarautunsu. Matan da suka yi daka da raino a waɗannan shekaru su ne labarinsu ya rage a bakin jikoki. Wannan kuwa abin lura ne a ƙasar da tarihin baka ya ce mata ne suka fara mulkinta, har zuwa Magajiya Daurama.

Aikin Da Ke Gaba

Yanzu harkar ta canja. Tsadar takarda ta rage buga littattafai, marubuta da yawa sun koma sakin labaransu kashi-kashi ta wayar hannu, masu karatu suna biya ta banki. Wannan ya kawar da wani tsohon shinge, domin yarinyar da ke Zango ba ta bukatar ɗan kasuwar Kano kafin a karanta ta. Abin da take bukata shi ne ta yarda cewa gidansu da rijiyarsu da kasuwarsu sun isa a yi littafi a kansu, kuma ta sami wanda zai duba mata rubutu ya gyara.

A nan ne ɗalibai da ma'aikata suke da rawar takawa. Ɗaliban Hausa da na tarihi a Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa da Kwalejin Yusuf Bala Usman ta Daura suna iya yin kundinsu a kan tarihin rayuwar tsohuwa guda ta garinsu, da yardarta, su ɗauki muryarta da wayar da ke aljihunsu. Malaman Hausa a makarantun 'yan mata suna iya sa ɗalibansu rubuta gajerun labarai a kan abin da suke gani a gida, maimakon kwaikwayon gidajen da ba su taɓa shiga ba. Hukumomin ilmi na jiha da na ƙananan hukumomi kuma suna iya tanadar ɗakin karatu, su zaɓi nagartattun littattafan mata su zuba, su kuma sa gasar rubutu ta shekara-shekara ko da kyautar ba ta da yawa. Gasa ce ta fito da Abubakar Imam, gasa ce ta fito da Hafsatu.

Lokaci kuwa ba ya jira. Matan da suka ga zamanin dalar gyaɗa da farin 1973 suna ta raguwa, kuma duk wadda ta kwanta dama ta tafi da abin da ta sani. Baba ta rasu shekara ɗaya kacal bayan an gama ɗaukar labarinta. Masu iya magana sun ce da zafi-zafi akan bugi ƙarfe.