Kalmar "Charge" ta Ingilishi: Ma'anoninta da Shigowarta Hausa

Maƙasudin wannan ɗan rubutu shi ne a duba kalma guda tak ta Ingilishi, watau charge, wadda ta daɗe tana ba malaman makaranta da tafintocin kotu da masu fassarar labarai wahala. Wanda duk ya buɗe ƙamus zai tarar da ma'anoninta jere, tun daga tuhuma da farashi har zuwa farmaki da wutar lantarki, kamar babu abin da ya haɗa su. Amma in aka bi salsalar kalmar, za a ga galibinsu tushensu ɗaya.

Asalinta daga harshen Latin ne, inda carrus ke nufin keken ɗaukar kaya, carricare kuma shi ne aza wa keken kaya. Ta biyo ta tsohon Faransanci ta shiga Ingilishi wajen ƙarni na 13, bayan da Normawa suka ci Ingila a 1066. Kalmomin car da carry da cargo duk danginta ne. Ashe ke nan ma'anarta ta fari ita ce kaya, ko kuwa aza kaya.

A nan Bahaushe ba baƙo ba ne, domin kuwa shi ma haka ya yi da kalmar "ɗora". Yakan ce an ɗora wa jaki mangala, ya kuma ce an ɗora wa wane laifi, ko an ɗora masa nauyin marayu, ko an ɗora wa talakawa haraji. Hanyar da charge ta bi ke nan har ta zama tuhuma, da alhakin kula da wani abu, da kuɗin da ake nema a biya. A ganina malamin da ya fara da "ɗora" ya rage wa ɗalibansa rabin wahala. Ɗura wa bindiga albarushi ma aza mata kaya ne a wajen Bature. Benjamin Franklin na Amurka yana cikin waɗanda suka fara amfani da kalmar ga wutar lantarkin da aka tara a cikin tulun gwaji, a wasiƙun da ya soma rubutawa a 1747. Ma'anar da ta yi nisa da gida ita ce ta farmaki, irin wanda barade na Ingila suka kai a Balaklaba a 1854.

Inda haɗarin yake shi ne wajen fassara. In aka ce mutum yana in charge of yara, shi ne mai kula da su; in kuwa aka ce yana in the charge of wani, to, shi ne ake kula da shi. Ƴar kalmar the kaɗai ta juya zancen. Na kotu ya fi wannan muni. Wanda aka yi wa charge tuhumarsa kawai aka yi, ba a kai ga samunsa da laifi ba. Haka nan discharge, wadda asalinta sauke kaya ne, sallama ce kurum, kuma ana iya sake gurfanar da mutum a kan wannan magana. Sai an haɗa da acquit sannan kotu ta wanke shi. Tafintan da ya ce "an wanke ka" alhali sallama aka yi, ya tura mutum gida da murnar da ba tasa ba.

Da Hausa ta ari kalmar ba ta kwaso dukkan kayanta ba. Ta ɗauki ta ƴan sanda a "caji ofis", da ta kuɗi a "makaniki ya caje ni da yawa", da ta lantarki a "cajin batir", wadda wayar hannu ta ƙara wa "caja". Ta bar ta farmaki da ta ɗaukar nauyi, don tana da nata. Sai dai akwai "caje" mai nufin bincike, kamar a ce "an caje aljihunsa", ma'anar da charge ba ta da ita ko kaɗan a Ingilishi. Abin da na fi rinjaya a kai shi ne daga search wannan ta fito, kalmomin biyu suka narke a bakin Bahaushe, tun da a wuri guda ya fi jin su, watau a hannun ɗan sanda.